Injin: Bara Ne Ko Maigida? Abin Da Littattafai Suka Ce

Tun daga watan Nuwamban 2022, lokacin da wani kamfanin Amurka ya fito da ChatGPT, watau manhajar kwamfutan nan da ake yi wa tambaya ta ba da amsa, a sa ta rubuta wasiƙa ta rubuta, maganar dangantakar injin da ɗan Adam ta sāke tasowa a ko'ina cikin duniya. Malaman makaranta suna kukan cewa almajiransu sun sami mai yi musu aikin gida. Akawuna da tafintoci da masu zane suna tambayar kansu ko sana'arsu za ta kai baɗi. Gwamnatoci kuwa sai kafa kwamitoci suke yi don su duba lamarin.

Wanda bai bi sawun tarihi ba sai ya zaci yau aka soma wannan muhawara. Alhali kuwa ta girmi shekara 200, kuma masana da yawa sun ƙarar da rayuwarsu suna rubuta littattafai a kanta. Ra'ayinsu ya sha bamban, wasu suna yabon injin, wasu suna tsoronsa. Amma akwai abu guda da kusan dukkansu suka tafi a kai, shi ne injin ba ya shiga gari shi kaɗai. Duk inda ya sauka yakan zo da nasa tsarin aiki da nasa lokacin, ya ɗaukaka waɗansu mutane, ya ƙasƙantar da waɗansu. Ga kaɗan daga cikin littattafan nan, musamman waɗanda maganarsu ta taɓo Nijeriya.

Daga fadar sarki zuwa masaƙa

Rubuta littafi a kan na'ura ba Turawa suka fara shi ba. A ƙarni na 9, a birnin Bagadaza, waɗansu 'yan'uwa uku da ake kira Banu Musa, watau Muhammadu da Ahmadu da Hasan, sun wallafa Kitabul Hiyal, inda suka bayyana na'urori wajen 100. A shekarar 1206 kuma Isma'ila al-Jazari, babban injiniyan fadar Diyarbakir a ƙasar Turkiyya ta yau, ya kammala nasa littafin mai ɗauke da bayanin na'urori 50, da zanen kowace da yadda ake ƙera ta. A ciki akwai agogunan ruwa da na kyandir, da butocin wanke hannu masu zuba ruwa da kansu, da injunan ɗaga ruwa daga kogi. Mafi shahara shi ne agogon giwa, wanda duk bayan rabin sa'a wani ɗan ƙwallo yakan faɗo cikin bakin maciji, mutum-mutumin da ke wuyan giwar ya yi bugu.

A wancan zamani na'ura abin ado ce da ban mamaki, galibi a gidan sarauta take zaune, ba ta raba kowa da abincinsa ba. Labari ya sāke ne da aka shiga ƙarni na 19 a Ingila, sa'ad da injunan kaɗi da saƙa suka cika masana'antu. A 1811 masu saƙa na wajejen Nottingham suka fara bin dare suna farfasa injuna. Majalisar Ingila ta mai da hukuncin fasa injin kisa a 1812, kuma a watan Janairun 1813 aka rataye mutum 17 a birnin York saboda laifuffukan da suka shafi wannan tarzoma. An daɗe ana ɗaukar mutanen nan a matsayin jahilai masu ƙin ci gaba, har sai da masanin tarihi E. P. Thompson ya fito da littafinsa The Making of the English Working Class a 1963. Thompson ya nuna cewa gwanaye ne a sana'arsu, sun san injin sarai. Abin da suka ƙi shi ne yadda masu jari ke amfani da shi wajen karya farashin ƙwadago, da ɗaukar yara aiki, da cika kasuwa da kaya marasa ƙwari.

Ita kanta kalmar robot, wadda Hausa ke kira mutum-mutumi, daga littafi ta fito. Wani marubucin ƙasar Cek, Karel Capek, shi ya shigo da ita cikin wasan kwaikwayonsa R.U.R. na 1920, asalinta kuwa kalma ce ta harshensu mai ma'anar aikin tilas. Ke nan tun ranar raɗin sunan, maganar bauta da 'yanci ake yi.

Agogo ya fi tururi

Daga cikin waɗanda suka zurfafa bincike a kan wannan al'amari, da wuya a sami wanda ya kai Ba'amurken nan Lewis Mumford, wanda aka haifa a 1895 ya rasu a 1990. A littafinsa Technics and Civilization na 1934 ya kawo ra'ayin da ya ba mutane mamaki. Kowa yana cewa injin tururi shi ne uban zamanin masana'antu, shi kuwa ya ce agogo ne.

Hujjarsa ita ce, tun kafin a gina masana'anta ko ɗaya, ruhubanawan Turai, watau Kiristoci masu zaman ibada a keɓe, sun riga sun yanka yini kashi-kashi, ana kaɗa musu ƙararrawa sau bakwai don addu'a. Daga nan aka ƙera agogon ƙarfe wajen ƙarshen ƙarni na 13, ya hau hasumiyar birane, ya shiga gidajen fatake, daga bisani ya shiga aljihun kowa. Da agogo ya kafu sai lokaci ya rabu da rana da gajiyar jiki, ya zama abin ƙirgawa, abin sayarwa da saye. Mutum ya koma cin abinci don lokacin ci ya yi, ko yana jin yunwa ko ba ya ji. In da ba a fara horar da mutane haka ba, in ji Mumford, da ba yadda za a yi a tara ma'aikata dubu su shiga ƙofa ɗaya a minti ɗaya.

Mai karatu zai iya gwada wannan magana da harshensa. Bahaushe yana da asuba da hantsi da walaha da azahar da la'asar da magariba da lisha, dukkansu a ɗaure suke da tafiyar rana da lokutan salla. Sai ga shi yau yana cewa ƙarfe bakwai, ƙarfe goma, kalmar da ke tuna masa da guntun ƙarfen da ake bugawa a bariki da makaranta da wurin aikin Bature. Lissafin nan biyu suna nan suna tafiya tare, kuma yawancin ƙorafin da ake yi game da saɓa lokaci daga karonsu yake tasowa.

A ƙarshen rayuwarsa Mumford ya ƙara tsananta ra'ayi. Cikin The Myth of the Machine, wanda ya fito kashi biyu a 1967 da 1970, ya ce injin farko da aka taɓa haɗawa a duniya da naman mutane aka haɗa shi. Yana nufin dubban leburorin da suka gina dalar Masar, kowa da ɗan aikinsa kamar haƙorin injin, magatakarda suna riƙe da lissafi, Fir'auna yana bisa. A ganinsa manyan rundunonin soja da kamfanonin zamani jikokin wannan tsari ne, kuma haɗarin da ke gaban ɗan Adam shi ne ya yarda a mai da shi ɗan ƙaramin ƙarfe a cikinsa.

Kwinin da jirgi da bindiga mai ruwa

Littafin da ya fi kusa da tarihin ƙasar nan shi ne The Tools of Empire, watau kayan aikin mulkin mallaka, wanda Daniel Headrick ya buga a 1981. Tambayar da ya yi mai sauƙi ce. Turawa sun yi shekara wajen 400 suna ciniki a bakin tekun Afirka ba su iya kutsawa ciki ba, har wajen 1870 abin da ke hannunsu bai wuce kashi ɗaya cikin goma na nahiyar ba. To, me ya faru da zuwa 1914 ba abin da ya rage sai Habasha da Laberiya? Kwaɗayi dai suna da shi tun da can. Abin da ya sāke, in ji shi, shi ne kayan aiki, waɗanda suka sa cin ƙasa ya yi arha.

Misalinsa na farko a Kogin Kwara ya faru. A 1832 wani ɗan kasuwa mai suna Macgregor Laird ya shigo da jiragen tururi biyu, ɗaya ana kiransa Quorra, watau Kwara, ɗayan kuma Alburkah, watau albarka. Jiragen sun hau kogin, amma cikin Turawa 48 da suka taso, 9 kaɗai suka koma gida, akasarin sauran zazzaɓi ya kashe su. A 1854 aka sāke aiko da wani jirgin mai suna Pleiad a ƙarƙashin Likita William Baikie, wanda ya tilasta wa mutanensa shan kwinin kullum. Suka bi Kwara suka shiga Binuwai suka dawo, ba Bature ko ɗaya da ya mutu. Sauron da ya yi ƙarnuka yana gadin ƙofar ƙasa, ranar nan aka sami maganinsa.

Sa'an nan sai makami. Hiram Maxim ya ƙera bindiga mai ruwa a 1884, a 1890 kuma ƙasashen Turai suka ƙulla yarjejeniya a Brussels wadda ta taƙaita sayar wa 'yan Afirka bindigogin zamani. A yaƙin Omdurman na ƙasar Sudan, ranar 2 ga Satumban 1898, an kashe Ansaru wajen 10,000 cikin 'yan sa'o'i, alhali mamatan ɗaya gefen ba su kai 50 ba. Mutanen Arewa ba su buƙatar a kai su nesa neman misali. Dakarun da suka ci Kano ranar 3 ga Fabrairun 1903 ba su kai 1,000 ba, igwa da bindiga mai ruwa suka yi aikin. Sakkwato ta bi baya a watan Maris, a watan Yuli kuma Sarkin Musulmi Attahiru na ɗaya ya yi shahada a Burmi. Ba wanda ya taɓa cewa rashin jaruntaka ya kayar da su. Habasha kuwa, wadda Sarki Menelik ya tara mata bindigogin zamani tun da wuri, ta kori Italiya a Adwa a 1896.

Sun nemi auduga, aka ba su gyaɗa

Da a nan labari ya tsaya, da sai a ce mai injin shi ke da iko da komai. Amma wani littafin ya nuna cewa ba kullum haka take ba. Shi ne Nigerian Groundnut Exports na Jan Hogendorn, wanda ya fito a 1978.

Dogo ya isa Kano a 1911, aka buɗe shi ga sufurin kaya a 1912. Masu masaƙun Manchester, waɗanda suka kafa ƙungiyar bunƙasa noman auduga a 1902, sun sa rai ƙasar Kano da Zazzau za su cika musu jirgi da auduga. Ba su yi la'akari da cewa masaƙa da marina na gida suna sayen auduga da tsadar da ta fi tasu ba. A daidai lokacin kuma farashin gyaɗa ya tashi a Turai saboda ana neman manta don yin abinci da sabulu. Fataken goro na Kano, waɗanda suka daɗe da sanin jari da bashi da hanyar ƙauye, suka hango ribar. Suka bazu cikin karkara suna ba manoma kuɗi da gishiri da tufafi a kan alkawarin gyaɗa. Manomi kuwa ya yi nasa lissafin: gyaɗa tana gyara ƙasa, ana biyan haraji da ita, in yunwa ta zo kuma ana iya cinta, auduga kuwa ba a tuwo da ita. Cikin shekara ɗaya ko biyu gyaɗa ta cika tashar Kano har jirgi ya kāsa kwashewa. Daga wannan ciniki ne irin su Alhassan Ɗantata suka bunƙasa, dalar gyaɗa ta zama alamar birnin.

Duk da haka dogon bai bar ƙasa yadda ya same ta ba. Ayarin raƙuman da ke ratsa hamada zuwa Tarabulus ya ja baya, fuskar ciniki ta juya kudu wajen teku, garuruwan da hanyar ta ratsa suka haɓaka, waɗanda ta kauce wa suka dushe. Darasin dai shi ne, wanda ya kawo injin yana da niyyarsa, wanda aka kawo wa kuma in yana da wayo da jari yana iya karkata shi.

Dodon bango

Wannan darasi shi ne ginshiƙin littafin Brian Larkin mai suna Signal and Noise, na 2008, wanda kusan dukkansa a kan Kano yake. Larkin masanin halayyar al'umma ne da ya zauna a birnin cikin shekarun 1990 yana bincike a gidajen silima da kasuwanni da tsofaffin takardun gwamnati.

Ya nuna cewa Turawan mulki ba don amfani kaɗai suke kafa gada da dogo da wutar lantarki ba, har da nufin su cika zukatan talakawa da mamaki da kwarjini, shi ya sa ake gayyatar sarakuna bikin buɗe kowane aiki. Rediyon da aka fara a Kano a 1944 akwati ne da aka ja masa waya daga tasha, mai saurare ba shi da ikon sauya tasha, abin da aka ba shi shi zai ji. Majigi kuma mota ce ke yawo da shi gari-gari, ana haska hotunan tsabta da noma da girman daular Ingila, mai sharhi yana fassarawa.

Silimar kuɗi dabam take. An buɗe Rex a 1937 a wajen ganuwa, malamai da dattawa suka ƙi ta, har waɗansu suna kiranta dodon bango. Da gobara ta tashi a silimar El Duniya a watan Mayun 1951, ta halaka mutum 331, mutane da yawa sun ɗauke ta a matsayin ishara. Amma jama'a ba su daina zuwa ba, kuma abin da suka zaɓa bai zama abin da Bature ya tsara ba. Finafinan Indiya suka ƙwace kasuwa, domin maganar auren tilas da biyayyar iyaye da kunya tsakanin saurayi da budurwa ta fi kama da rayuwar Bahaushe bisa ga ta kaboyi. Da kaset da bidiyo suka zo, 'yan kasuwar Ƙofar Wambai suka ƙware wajen kwafe finafinan waje suna rarrabawa, kuma a kan wannan hanyar ciniki ce finafinan Hausa suka hau bayan fitowar Turmin Danya a 1990.

Akwai wata magana ta Larkin da ta cancanci a tsaya a kanta. Ya ce littattafan Turai suna bayanin injin kamar kullum yana aiki, alhali a birni irin Kano lalacewa da gyara su ne rayuwar injin ta yau da kullum. Ɗaukewar wuta, da ƙarar janareta, da hoton kaset da ya dushe saboda yawan kwafi, da bakanike mai haɗa mota ɗaya daga gawar uku, duk sun haifar da wata irin gwaninta da wani irin zaman birni da ya kamata a yi nazarinsu don kansu.

Ƙarami ko babba?

Tambayar da ta fi damun ƙasashe masu tasowa ita ce wane irin injin ya kamata su saya. A nan ne sunan E. F. Schumacher ke fitowa. Haifaffen Jamus ne, ya yi shekara 20 yana ba hukumar kwal ta Ingila shawara kan tattalin arziki, tafiyarsa zuwa Bama a 1955 da Indiya daga baya ta sauya masa tunani. Littafinsa Small Is Beautiful ya fito a 1973, shekarar da farashin man fetur ya yi tashin gwauron zabo.

Lissafinsa shi ne, in kayan aikin talaka na gargajiya darajarsu fam 1 ce, na masana'antar Turai kuma fam 1,000 ga kowane ma'aikaci, to ƙasar da ba ta da jari amma tana da ɗimbin masu neman aiki, in ta tsallaka kai tsaye zuwa na fam 1,000, mutane kaɗan za ta ɗauka, ta kashe sana'ar dubbai, kuma ta zauna cikin bashin kayan gyara. Abin da ya dace da ita shi ne na tsaka-tsaki, na fam 100, wanda maƙerin gari zai iya gyarawa. Ya kafa ƙungiya don wannan aiki a 1966, wadda yanzu ake kira Practical Action.

Nijeriya ta zamanin arzikin mai ba ta saurari wannan shawara ba. Gunilla Andrae da Bjorn Beckman, masana daga Suwidin, sun rubuta The Wheat Trap a 1985, inda suka bi diddigin yadda burodi ya zama abincin birane bisa alkamar da ake sayowa daga Amurka, sa'an nan aka zuba maƙudan kuɗi a manyan ayyukan ban ruwa na Kadawa da Bakolori da Kudancin Tafkin Cadi don a noma alkama a gida. A Bakolori manoman da aka tasa daga gonakinsu suka yi ta neman diyya har suka tare hanyoyin aikin, a watan Afrilun 1980 'yan sandan kwantar da tarzoma suka far musu, aka yi asarar rayuka da dama. A Tafkin Cadi kuwa fari ya sa ruwa ya janye, ya bar magudanan a bushe. Abin da ya sāke noman rani a Arewa daga baya shi ne ɗan ƙaramin injin ban ruwa mai shan fetur da rijiyar burtsatse ta fadama, waɗanda manomi ɗaya ke iya saye ya ɗora a babur.

Amma masu sukar Schumacher ba su rasa hujja ba. Sun ce shawararsa tana iya zama dabarar barin matalauta da ragowar fasaha har abada. Koriya ta Kudu ta nace sai ta gina babban kamfanin ƙarfe a Pohang ko da yake Bankin Duniya bai ga dacewarsa ba, ta tura ma'aikatanta Japan suka koyo aikin, ta fara narka ƙarfe a 1973, yau kuma tana cikin manyan masu ƙera jiragen ruwa da motoci. Nijeriya ta ƙulla kwangilar Ajakuta da Tarayyar Sobiyet a 1979, fiye da shekara 40 bayan haka babbar tukunyar narka ƙarfen ba ta soma aiki ba. Ke nan girman injin ko ƙanƙantarsa bai isa ya yanke hukunci ba. Abin dubawa shi ne ko masu ƙasa sun mallaki iliminsa da riƙon amanarsa, don Hausawa sun ce zanen aro ba ya rufe katara.

Abin da ke cikin aljihu

Marubutan baya-bayan nan sun mai da hankali ga injunan da ke aiki a kan tunani. Neil Postman, malami a Jami'ar New York, ya rubuta Amusing Ourselves to Death a 1985, yana kukan cewa talabijin ya mai da siyasa da labarai da wa'azi duk abin nishaɗi. A Technopoly na 1992 ya tuno da wata tsohuwar hikaya ta Aflatun, inda aka kawo wa wani sarkin Masar fasahar rubutu ana yabonta, sarkin ya ce za ta raunana hadda, ta sa mutane su yi kama da masana ba tare da sani ba. Postman ya ce sarkin ya yi gaskiya ta wani gefe, ya yi kuskure ta wani, domin kowace fasaha tana bayarwa tana kuma karɓewa, sai dai masu tallarta abin da take bayarwa kaɗai suke faɗi.

Kafin zuwan wayar salula a watan Agustan 2001, layukan tarho masu aiki a Nijeriya duka ba su kai rabin miliyan ba. Zuwa 2012 sun haura miliyan 100. Amfanin da aka samu a ciniki da zumunci da aika kuɗi ba ya ƙirguwa. Abin da aka bayar a madadinsa shi Shoshana Zuboff ta bayyana a The Age of Surveillance Capitalism na 2019: kamfanoni irin su Google da Facebook suna tattara bayanin abin da mutum ya nema, da inda ya je, da wanda ya yi magana da shi, su sarrafa shi su gane abin da zai yi gobe, su sayar wa masu talla. Kate Crawford kuma, a Atlas of AI na 2021, ta tunatar da cewa abin da ake kira ƙirƙirarriyar basira a kan ma'adinai da wutar lantarki da ruwa da gumin ma'aikata masu ƙaramin albashi yake tsaye. Kusan kashi 70 cikin 100 na kobal ɗin da duniya ke haƙowa, wanda ake sa wa batir, daga Kwango yake fitowa. Wanda ya karanta Headrick zai ga kamar ya taɓa jin wannan labari.

Ina na Hausa?

Marubutan Hausa ba su yi shiru ba sa'ad da baƙin injuna suka iso. Sarkin Zazzau Aliyu Ɗansidi ya tsara Waƙar Diga a kan aikin shimfiɗa dogo. Aliyu Namangi ya yi Waƙar Keke. Rupert East da Abubakar Imam sun rubuta Ikon Allah don su kawo wa mai karatun Hausa ilimin kimiyya cikin harshensa, Umaru Dembo kuma ya fito da Tauraruwa Mai Wutsiya a 1969, shekarar da ɗan Adam ya taka wata. An aza harsashi mai kyau, ginin ne bai yi nisa ba.

Yau akasarin littattafan da aka ambata a sama da Turanci ake samunsu, a ɗakunan karatu na jami'o'i ko da tsadar da malamin makaranta ba zai iya ba. Alhali kuwa manomin Bakolori, da masaƙin da ya rasa aiki sa'ad da masaƙun Kaduna da Kano suka rufe, da yaron da ke gyaran waya a bakin kasuwa, su ne mutanen da littattafan ke magana a kansu. Ya kamata sassan harsunan Nijeriya na jami'o'i da kamfanonin ɗab'i da gidajen rediyo su haɗa kai a fassara muhimmansu, ko a taƙaita su cikin Hausa mai sauƙi, a kuma ƙarfafa wa matasan masana gwiwa su rubuta tarihin injin niƙa da babur da wayar salula a garuruwansu tun waɗanda suka ga zuwansu suna da rai.

Amfanin wannan karatu a bayyane yake. Duk ranar da aka zo wa al'umma da sabon injin, ko na gona ne ko na aljihu, za a sami masu tambayar wa ya mallake shi, wa zai gyara shi in ya lalace, sana'ar wa zai kashe, kuma ina ribarsa za ta tafi. Waɗannan tambayoyi tun kafin a sa hannu a kwangila ake yinsu, gama icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.